An goge libcef.dll, manhaja ta ƙi buɗewa: mene ne aikin wannan fayil ɗin, kuma me ya sa kowace manhaja ke riƙe da nata?

Mai_Gyara_Wunti:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Tambayata ga masu rubuta manhaja da ke cikinmu ce. An kawo min laftof daga wani shagon buga takardu a nan Bauchi, manhajar da suke zana katin biki da kalanda da ita ta ƙi buɗewa. Da an danna ta sai saƙo ya fito wai ba a samu libcef.dll ba. Mai shagon ya ce yaronsa ne ya ga ma'ajiyar kwamfutar ta cika, ya bi manyan fayiloli yana gogewa, ya ga wannan ya haura megabait 100 kuma bai san amfaninsa ba, sai ya haɗa da shi.

Abin da ya ɗaure min kai shi ne, da na bincika sai na tarar da wasu fayiloli masu wannan sunan a foldojin wasu manhajojin, kowanne da nasa girman. Mu dai abin da aka koya mana shi ne, fayil ɗin DLL guda ɗaya ake ajiyewa, manhajoji da yawa su riƙa amfani da shi tare. To me ya sa wannan kowa ke riƙe da nasa? Sannan in na kwafo ɗaya daga cikinsu na liƙa a gurbin wanda aka goge, zai yi?

Dan_Azare:
Wa alaikumus salam. Kada ka kwafa, Malam. Cire manhajar gaba ɗaya ka sake saka ta daga fayil ɗinta na asali. Amma ka fara kwashe musu ayyukan kwastomomi zuwa filashi kafin ka taɓa komai.

Yaron_Kafe_Jekadafari:
Oga ba sai ka wahala ba. Akwai shafukan da ke ba da DLL kyauta, ka rubuta sunan kawai ka sauke ka jefa a System32, foldar fayilolin Windows. Haka muke yi a kafe in wasan kwamfuta ya ƙi tashi.

Adda_Mai_Kod:
Ƙanena Yaron Kafe, don Allah ka daina wannan, kuma ka daina koya wa mutane. Fayil ɗin DLL ba hoto ba ne, ba kuma takarda ba. Umarni ne da kwamfuta za ta aiwatar, kuma duk ikon da manhajar da ta kira shi take da shi, shi ma yana da shi. Ka sauko da shi daga shafin da ba ka san mai shi ba, ka miƙa masa kwamfutarka ke nan.

Wannan sunan ma na libcef.dll yana cikin sunayen da masu ƙera bairos suke ara. Yadda suke yi: su ɗauki manhaja ta gaskiya mai sa hannun kamfaninta, su ajiye fayil na bogi mai wannan sunan a gefenta. Windows yakan fara duba foldar manhaja kafin ya leƙa wasu wuraren, saboda haka manhajar gaskiyar ce da kanta za ta ɗauko na bogin ta tayar da shi. Wanda ya duba zai ga sananniyar manhaja ce ke aiki. A kafe kuwa, inda mutane ke shiga imel da asusun banki, suna duba sakamakon jarrabawa, amanarsu ce a hannunka.

Yaron_Kafe_Jekadafari:
To Adda, amma fa ya sha yi min aiki.

Injiniya_Yelwa:
Mai yiwuwa da ƙananan fayiloli ya yi maka, irin na Visual C++, waɗanda su ma daga shafin Microsoft ya kamata a sauko da su a dunƙule. Wannan daban ne. Bari in amsa tambayar Malam Mai Gyara daga tushe.

CEF da ke cikin sunan na nufin Chromium Embedded Framework. Wani mai rubuta manhaja da ake kira Marshall Greenblatt ne ya fara aikin a 2008, shekarar da Google ya fito da Chrome ya kuma buɗe lambobin Chromium, tushen da aka gina Chrome a kai, ga duk mai so. Manufarsa ita ce a ɗauki injin burauzar, a cire masa wurin rubuta adireshi da sauran kwalliya, a dunƙule shi yadda kowace manhaja za ta iya dasa shi a cikin tagarta. Wato abin da yaron ya goge burauza ce sukutum. A cikin wannan fayil ɗin akwai Blink mai karanta HTML da CSS ya tsara shafi, akwai V8 mai gudanar da JavaScript, akwai Skia mai zana abin da ido ke gani, akwai ɓangaren da ke magana da intanet ya kuma tantance takardun tsaron shafuka. Shi ya sa yake da nauyi haka.

Kuma ba shi kaɗai yake tafiya ba. In ka buɗe foldar za ka ga chrome_elf.dll, da icudtl.dat, da resources.pak, da libEGL.dll da libGLESv2.dll, da wata folda mai suna locales. Dukkansu tare aka gina su, kuma dole su zama na zubi (version) ɗaya. In ka kwafo libcef.dll na wata manhajar, ka haɗa shi da 'yan rakiyar da ba nasa ba. Ita ma manhajar an gina ta ne da sanin wani zubi takamaimai, in ta tarar da wani sai ta rufe kanta ko ta bar ka da farar taga. In kuma ɗaya na bit 32 ne ɗaya na bit 64, saƙon 0xc000007b za ka gani.

Ga masu gyara: sfc /scannow ba zai dawo da shi ba, don fayilolin Windows kawai yake dubawa, wannan kuwa ba na Windows ba ne. Haka regsvr32, umarnin yi wa DLL rajista, ba shi da aiki a nan.

Mai_Gyara_Wunti:
Allah ya saka da alheri, Injiniya. To me manhajar zane take yi da burauza a cikinta?

Injiniya_Yelwa:
Tagar da ake saka imel da kalmar sirri, wurin zaɓar samfurin zane, shafin taimako, tallan sabbin kaya, da yawansu shafukan intanet ne aka lulluɓe su da kamar taga. Wasu manhajojin kuma gaba ɗaya fuskarsu haka take. Spotify na kwamfuta da CEF yake aiki, Steam, manhajar wasannin kwamfuta, ma haka, da Epic Games Launcher, da wasu manhajojin Adobe.

Mai_Haska_Tafsiri:
Ashe shi ne nake gani a foldar OBS, manhajar haska bidiyo kai tsaye. Mu da azumi da shi muke haska tafsiri kai tsaye daga masallacin unguwarmu a Gombe. Rubutun da ke gudu a ƙasan hoto mai ɗauke da sunan sura da lambar aya, ɗan shafi ne wani ɗalibi ya rubuta mana, muka saka shi a OBS ya hau kan bidiyon. Ban taɓa kawo wa raina cewa burauza ce ke zana shi ba.

Injiniya_Yelwa:
Shi ne, Malam. A irin wannan aikin CEF ba ya buɗe taga ko kaɗan. Yana zana shafin a ɓoye, ya miƙa wa OBS hoton, OBS ya ɗora a kan bidiyo. Wannan na daga cikin abubuwan da suka sa ake son sa.

Baffa_Pantami:
Yarana, ku bar ni in mayar da ku baya kaɗan, don tambayar Mai Gyara ta biyu, wato me ya sa ba a amfani da guda ɗaya tare, tana da tarihi.

An taɓa yin hakan. Zamanin da muka fara aiki da Windows 98, injin Internet Explorer yana cikin fayil mai suna mshtml.dll, kuma guda ɗaya ne a kwamfuta. Shafin taimako na Windows da shi yake buɗewa, Outlook Express da shi yake nuna wasiƙa, duk wanda ya rubuta manhaja da Visual Basic ya jawo akwatin burauza ya ajiye a tagarsa, shi yake kira. Manhaja ba ta da nauyi, a faifai ɗaya za ka ɗauko da yawa. Har wannan cusa burauza a cikin Windows na daga cikin abin da ya sa gwamnatin Amurka ta kai Microsoft kotu a 1998.

Amma masu rubuta manhaja sun sha wuya. Ka gwada aikinka a kwamfutarka ya yi kyau, ka kai ofishin da ke da tsohon Internet Explorer ya wargaje. Ko kuma a sabunta injin, abin da ke aiki jiya ya daina yau, kai ko taɓa shi ba ka yi ba. Da Chromium ya fito sai kowa ya ce gara in ɗauki injina in tafi da shi, in san abin da na gwada shi ne abin da kwastoma zai gani. Abin ya zama irin layin shagunanmu na kasuwa: an gaji da jiran wutar da aka ja wa kowa, sai kowane shago ya sayi janaretarsa. Aiki ba ya tsayawa, amma ga ƙara, ga kuɗin mai, ga kowa da nasa gyaran.

Shi kansa Internet Explorer 11 an yi masa ritaya a watan Yunin 2022, amma mshtml.dll yana nan a Windows har yanzu saboda tsofaffin manhajojin da suka dogara da shi.

Dan_Azare:
Allah ya ƙara lafiya, Baffa. Wannan bayanin ya warware min abin da na daɗe ina tambaya.

Dalibi_Kashere:
Ni ma VS Code da nake koyon rubuta manhaja da shi an ce Chromium ne a ciki. Na duba foldarsa yanzu ban ga libcef.dll ba. Ko nawa ne bai cika ba?

Adda_Mai_Kod:
Naka ya cika. VS Code da Electron aka yi shi, wata hanyar ce daban ta dasa Chromium a manhaja, ba da CEF ba. Mutane na yawan haɗa su. Electron daga GitHub ya fito a 2013, da farko sunansa Atom Shell, aka sauya masa suna a 2015. Shi ya haɗa Chromium da Node.js ne, don mutum ya rubuta manhajar gaba ɗaya da JavaScript. A can injin yana cikin babban fayil ɗin exe ɗin kansa, duba girman Code.exe za ka gane. Discord da Slack ma haka suke. CEF kuwa na wanda ya riga ya rubuta manhajarsa da C++ ko C# ko Java ne, yana so ya dasa burauza a wani ɓangare. Masu C# suna bi ta CefSharp, masu Java ta JCEF. Akwai kuma na uku, masu amfani da Qt, su nasu fayil ɗin Qt5WebEngineCore.dll ne ko Qt6WebEngineCore.dll. Suna ne ya bambanta, amma duk Chromium ne a ƙasa.

Sarkin_Data_Bolari:
To ni a nan ne raina ke ɓaci. Waɗanda ke yanke wannan shawarar suna zaune ne inda intanet ba ya yankewa kuma kwamfutocinsu na da RAM mai yawa. Mu nan abin da ke hannun ɗalibai da masu shaguna tokumbo ne mai gigabait 4, wasu ma da tsohon faifai mai juyawa. Mutum ya buɗe manhajoji uku, ashe burauza uku ya buɗe bai sani ba, ga ta huɗun da yake lilo da ita. Fanka ta yi ta kuka, batir ya ƙare kafin a dawo da wuta. Kowace kuma in za ta sabunta kanta sai ta ja data mai yawa. Tun da NCC ta amince da ƙarin kuɗin kira da data na kashi 50 cikin ɗari a farkon 2025, kowane megabait sai an yi lissafinsa. Sauƙin na mai rubuta manhaja ne, kuɗin kuma daga aljihun mai amfani yake fita.

Injiniya_Yelwa:
Maganarka na da tushe, kuma akwai dalilin da ya sa nauyin ke ninkuwa. Amfanin DLL na asali shi ne, in manhajoji biyu suka kira fayil ɗaya, Windows sau ɗaya yake loda umarnin cikinsa a RAM, su biyun su raba. Amma sai in fayil ɗin guda ne a wuri guda. In wannan na foldar nan, wancan na foldar can, ko da sunansu ɗaya, a wurin Windows abubuwa biyu ne, kowanne da wurinsa.

Inda rabon yake aiki shi ne a cikin manhaja ɗaya. Chromium ba ya gudana a dunƙule: akwai uwa, akwai reshen da ke zana shafi, akwai mai hulɗa da katin hoto, akwai na intanet. An raba su ne don in shafi ya rikice kada ya kayar da komai, kuma in mugun shafi ne a killace shi. Duk rassan nan libcef.dll ɗaya suke kira. Shi ya sa mai Steam zai buɗe Task Manager ya ga steamwebhelper ya jeru da yawa. Ba bairos ba ne, haka aka tsara shi.

Adda_Mai_Kod:
Hamma Sarkin Data, na ji ka, amma bari in faɗi ta ɓangarenmu. Ni kaɗai nake aikina, ba ni da ma'aikata. Na rubuta wa wasu makarantu masu zaman kansu manhajar fitar da sakamakon ɗalibai. Ana so ta yi aiki ba intanet, ta buga katin sakamako mai bajen makaranta da teburi, ta fitar da PDF. In na ce zan rubuta wannan da hannu don Windows, aikin watanni ne, kuma in wani ya zo da Mac sai in sake daga farko. Da injin burauza kuwa, abin da na iya na gina shafi shi ne zan yi amfani da shi, bugawa da PDF duk suna ciki.

Akwai kuma abin da ya fi damuna da kaina: rubutunmu. Tsofaffin manhajoji da yawa in ka rubuta ƙ ko ɗ ko ɓ sai su zama alamar tambaya ko akwati. Sunan yaro ya fito a katin sakamako a lalace. Islamiyyu kuma suna so sunan darasi ya fito da Larabci, daga dama zuwa hagu, a layi ɗaya da boko. Chromium ya riga ya warware wannan. Fayil ɗin icudtl.dat da Injiniya ya ambata bayanan haruffa da harsunan duniya ne a ciki, akwai kuma HarfBuzz mai haɗa baƙaƙen Larabci yadda ya kamata su haɗu, har ajami ma in an sami font mai ɗauke da haruffansa. Ni kaɗai ba zan iya rubuta irin wannan ba ko da shekara nawa aka ba ni. Saboda haka megabait ɗin da ake kuka da su ba duka ne banza ba.

Malama_Gwallameji:
Wannan gaskiya ne. Ni malama ce, na ga yadda iyaye ke jin haushi in an ɓata sunan ɗansu a takarda. Amma tambaya: na leƙa foldar locales ɗin nan, na ga sw.pak da am.pak, an ce min Swahili ne da Amharik. Ban ga na Hausa ba.

Adda_Mai_Kod:
Babu shi, Malama. Waɗannan fayilolin fassarar 'yan kalmomin injin ne da kansa, kamar abin da ke fitowa in an danna dama a linzami, ko saƙon kuskure. Rashinsa ba ya hana rubutun Hausa fitowa daidai a shafi. Amma abin takaici ne harshe mai yawan jama'a irin namu a ce ba ya cikin jerin.

Sarkin_Data_Bolari:
Adda ban ce aikinki ba shi da amfani ba. Cewa na yi me ya sa ba za a ajiye inji ɗaya a kwamfuta kowa ya kira shi ba? A waya ai haka ake yi, Android System WebView guda ɗaya ne, duk manhajojin da ke buɗe shafi a cikinsu shi suke kira.

Injiniya_Yelwa:
Abin da Microsoft ya dawo yana yi ke nan da WebView2. Bayan sun mayar da burauzarsu Edge kan Chromium a farkon 2020, a ƙarshen shekarar suka fito da shi. Inji ɗaya ne a kwamfuta, yana sabunta kansa, manhaja kuma ɗan ƙaramin fayil kawai take ɗauka mai suna WebView2Loader.dll wanda ke nemo injin. Windows 11 da shi yake zuwa. Sabon Teams da ya fito a 2023 ya bar Electron ya koma kansa.

Sai dai a lura, ma'ajiya da data yake ragewa sosai. RAM kuwa kowace manhaja tana tayar da nata rassan, shi ya sa za ka ga msedgewebview2.exe da yawa a Task Manager.

Hajiya_Mai_POS:
Alhamdu lillahi da na shigo. Wannan msedgewebview2 ɗin na gan shi a kwamfutar shago, yarona ya ce bairos ne a goge. Ke nan in bar shi?

Dan_Azare:
Ki bar shi, Hajiya. In kina shakka, danna dama a kansa ki zaɓi buɗe wurin da fayil ɗin yake. Na gaskiya yana ƙarƙashin foldar Microsoft a Program Files, kuma a bayanansa za ki ga sa hannun Microsoft. In kika gan shi a foldar saukarwa ko ta wucin gadi, to a nan ne za a kira mai gyara.

Baffa_Pantami:
To kun gani, an zagayo an dawo inda aka baro. Ni dai ina goyon bayan inji ɗaya, kuma dalilina tsaro ne. Ku tuna Satumbar 2023, da aka gano ɓaraka a libwebp, ɓangaren da ke buɗe hotunan WebP. Hoto kawai za a turo maka a cuce ka. Masu burauza suka toshe cikin kwanaki. Amma duk manhajar da ke ɗauke da nata Chromium sai da mai ita ya zauna ya sake gina ta ya tura wa mutane. Manya sun yi. Ƙananan fa, da waɗanda masu su suka watsar? A 2021 Chrome ya koma fitar da sabon zubi kusan duk mako huɗu. Wane ƙaramin mai manhaja ne zai iya bin wannan gudun? Sai ka ga mutum yana sabunta burauzarsa kullum yana ganin ya tsira, alhali akwai tsofaffin burauzoji kwance a cikin wasu manhajojinsa.

Adda_Mai_Kod:
Baffa, Allah ya ja kwana, a wannan ban da ja. Ina dai da ƙari. Haɗarin ya danganta da abin da injin ke buɗewa. Manhajata shafukan da na rubuta da hannuna kawai take nunawa, daga cikin kwamfutar, ba ta leƙa waje. Ba daidai take da manhajar hira da ke karɓar hoto daga duk wanda ya turo ba.

Sannan inji mai sabunta kansa yana ɗauka akwai intanet. Makarantun da nake kai wa aiki a wajen gari, wasu kwamfutocinsu ba su taɓa hawa intanet ba, da filashi nake zuwa. In babu WebView2 a kwamfutar, dole in tafi da babban fayil ɗin saka shi, wanda shi ma ya haura megabait 100. In kuma na zaɓi tsayayyen zubin da Microsoft ke bayarwa don a haɗa da manhaja, ya fi megabait 250, na koma gidan jiya ke nan.

Mai_Gyara_Wunti:
Ina biye da ku. Na sami fayil ɗin sakawa a wurin mai shagon, na cire na sake sakawa, ta buɗe lafiya, kuma ban taɓa System32 ba. Wani abin da na lura: a wasu kwamfutocin da ake kawo min ba mutum ne ke goge fayil ɗin ba, antibairos ne ke killace shi, musamman in manhajar ta fashi ce da aka saya a faifai. To a irin wannan in dawo da shi daga killacewar ko in bar shi?

Injiniya_Yelwa:
In manhajar daga shafin masu ita aka sauko da ita, cire ta ka sake sakawa, in an sake kama shi ka bincika ko kuskure ne. In ta fashi ce, kada ka dawo da shi. Masu fasa manhaja cikin irin waɗannan fayilolin suke yin canji, kuma ba ka da hanyar sanin iyakar abin da suka ƙara. Ka gaya wa mai kwamfutar gaskiya, ko da ba zai ji daɗi ba.

Tokumbo_Muda_Lawal:
Ni matsalar da nake gani a wurin sayar da kwamfuta ita ce Windows 7. Har yanzu akwai masu cewa shi suke so don ya fi sauƙi a tsohuwar na'ura. Sai su dawo wai manhaja kaza ta ƙi shiga.

Dan_Azare:
Dalilin ke nan da muke magana a kai. Chrome 109 na Janairun 2023 shi ne na ƙarshe da ke aiki a Windows 7 da 8.1. Duk manhajar da ta ɗauki injin da ya wuce wannan, ta bar Windows 7 ke nan ko da sauran jikinta zai iya aiki. Steam sun faɗa a fili cewa wannan na cikin dalilan da suka sa suka daina tallafa wa Windows 7 da 8 daga 1 ga Janairun 2024. WebView2 ma a 109 ya tsaya wa waɗannan. Kuma ga Windows 10 shi ma Microsoft ya kawo ƙarshen tallafinsa na yau da kullum a Oktoban 2025, saboda haka masu sayen tokumbo su riƙa tambaya tun yanzu.

Pengwin_Tudun_Wada:
Ku zo Linux ku ga yadda ake rabon da gaske. A Ubuntu ko Debian akwai injin burauza mai suna WebKitGTK, fayil ɗaya ne a tsarin, manhajojin da ke buƙatarsa su kira shi, in an toshe ɓaraka sau ɗaya an toshe wa kowa. Adda, kin gwada Tauri, wanda shi ma da shi ake gina manhaja kamar Electron? Ba ya ɗaukar inji ko kaɗan. A Windows ya kira WebView2, a Mac ya kira WKWebView, a Linux WebKitGTK. Fayil ɗin sakawa yakan tsaya a 'yan megabait kaɗan, har ta WhatsApp za ki tura shi.

Adda_Mai_Kod:
Na gwada, kuma ina son sa. Amma ka lura da abin da ka lissafa: inji uku, biyu WebKit ɗaya Chromium. Matsalar da Baffa ya ba da labari ta dawo ke nan, sai na gwada katin sakamakon a kowanne, musamman wajen bugawa, inda ɗan bambanci kaɗan ke tura layin ƙarshe zuwa shafi na biyu. Kuma ko a Linux ɗin, in ka saka VS Code ko Discord da nasu Chromium suke zuwa, Spotify ma da libcef.so nasa.

Pengwin_Tudun_Wada:
Haka ne. Amma kwastomominki kusan duk Windows ne, inji ɗaya za ki gwada.

Dalibi_Kashere:
To mu masu koyo wanne za mu kama? Ina da aikin kammala karatu, manhajar ajiye bayanan kantin magani.

Sarkin_Data_Bolari:
Ka fara tambayar mai kantin wace kwamfuta gare shi. Ni a ganina fom da teburi ba sa buƙatar burauza, C# da tagogin Windows na asali sun isa, kuma za ta tashi nan take ko a gigabait 4.

Injiniya_Yelwa:
Ban ƙi ba, amma in abin da ya iya HTML da JavaScript ne, kuma lokacinsa ƙayyadadde ne, ya ɗauki WebView2 ko Tauri. Abin da zan ce kada ya yi shi ne ya ɗauki CEF ko Electron ya miƙa wa mai kanti ya tafi bautar ƙasa, ba wanda zai sake sabunta injin.

Adda_Mai_Kod:
Injiniya, in kantin a ƙauye yake ba intanet, WebView2 ɗin ma ba zai sabunta kansa ba, tsohon zai zauna. Ɗalibi, gaya mana garin da kantin yake, da Windows ɗin da ke kan kwamfutar, da ko rasit za a riƙa bugawa da ƙaramar firinta irin ta POS, don wannan na ƙarshen shi zai fi ba ka wahala ko wanne ka zaɓa.